Jakar Kaset ɗin Mahaifinmu: Sharhi a kan Aikin Wani Shagon Haɗa Fim a Bauchi

A ƙasan adakar mahaifiyarmu, ƙarƙashin zannuwan da ta daina ɗaurawa tun rasuwar mahaifinmu, akwai wata jakar fata da ta shekara fiye da 20 ba a buɗe ta ba. Ranar da Inna ta ba mu izini muka buɗe, mun tarar da kaset ɗin rikoda 14, da kaset ɗin bidiyo 6, da hotuna masu yawa, galibinsu baƙi da fari, wasu kuma gara ta ci gefensu. Mahaifinmu, Allah ya jiƙansa, ma'aikacin reluwe ne, kuma a shekarun da aka mayar da shi Kafanchan ya bar iyalinsa a Bauchi, yakan zauna da daddare ya yi magana a cikin rikoda, sa'an nan ya ba wani abokin aikinsa kaset ɗin ya kawo wa Inna, tun da yake ita ba ta karanta wasiƙar boko. Wannan jaka ce na ɗauka na kai wani ƙaramin shago da ke kusa da kasuwar Wunti, inda wasu matasa uku, maza biyu da mace ɗaya, suke juye tsofaffin kaset zuwa kwamfuta, suke kuma haɗa wa iyalai fim a kan tarihin gidansu. Na bar sunan shagon da sunayensu saboda a cikin maganata akwai yabo akwai ƙorafi, kuma ƙorafin na riga na faɗa musu ido da ido.

Abin da na je nema shi ne irin fim ɗin da aka saba yi wa manyan mutane idan sun kwanta dama, wato mai sharhi ya yi ta bayani da kakkausar murya cewa an haifi marigayi a shekara kaza, ya yi aiki a wuri kaza, ya bar 'ya'ya kaza, hotuna suna wucewa ɗaya bayan ɗaya. Babbansu, wanda ya yi karatun fim a Jos, garin da Hukumar Fina-finai ta Najeriya take da mazauninta da makarantarta, ya saurare ni har na kai aya, sa'an nan ya roƙi in bar masa kaset uku ya ji abin da ke ciki. Bayan kwana biyu ya kira ni ya ce, "Yallaɓai, Baba ya riga ya yi maganarsa da bakinsa. In muka ɗora muryar wani a kan tasa, mun tari numfashinsa." Ya bayyana mini cewa abin da yake son yi fim ne na gaskiya, babu ɗan wasa ko ɗaya a ciki, amma ba zai bi tsarin rahoton gidan talabijin ba, zai bar murya da hoto da shiru su ɗauki labarin ta hanyar da mai kallo bai saba gani ba. Ban gamsu ba a ranar. Abin da ya sa na amince shi ne alkawarin da ya yi cewa idan aikin bai yi mini ba, zai haɗa mini irin wanda na nema tun farko ba tare da ƙarin ko kwabo ba.

Kafin a kai ga fim sai an ceto abin da ke cikin kaset, kuma a nan ne duk mai niyyar kai kayansa ya kamata ya fi sa ido. Kaset ɗin bidiyo irin na VHS, wanda kamfanin JVC na ƙasar Japan ya fito da shi a 1976, zare ne na roba da aka shafa wa garin maganaɗisu, kuma zafin bazara da raɓar damina suna cinye shi a hankali ko da ba a taɓa shi ba. Kamfani na ƙarshe da ya rage yana ƙera na'urar kunna shi, wato Funai, ya daina a 2016, saboda haka duk na'urar da za a samu a yau tsohuwa ce, kayan gyaranta kuma sai an ciro daga jikin wata. Juyewar ba ta da gajeriyar hanya, domin kaset mai awa 3 sai ya cinye awa 3 cif yana juyawa, idan kuma wuta ta ɗauke a tsakiya sai a koma farko. Shagon yana da sola da batura, kuma a duk zuwan da na yi ban taɓa tarar da aiki ya tsaya saboda wuta ba.

A ɓangaren kaset ɗin rikoda sun yi aikin da ya burge ni ƙwarai. Na zauna na ga ƙaramin cikinsu ya kwance kusoshin wani kaset da zarensa ya tsinke, ya shimfiɗa bakin zaren biyu a kan gilashi, ya yanke su a karkace da reza, ya haɗe su da siririn salatif, ya mayar da zaren cikin sabon gida, duk ba tare da yatsansa ya taɓa fuskar da ke ɗauke da sauti ba. Da ya zo rage ƙarar shuu da tsofaffin kaset suke yi, bai share ta duka ba, ya ce in an matsa mata da yawa muryar mutum takan koma kamar daga cikin tulu take fitowa. Hotuna kuwa sun ɗauki gaba da bayan kowanne, abin da ni kaina ban yi tunaninsa ba, alhali a bayan da yawa daga cikinsu akwai rubutun ajami na mahaifinmu, inda ya sa sunan gari da na mutanen da ke tsaye.

A ɓangaren bidiyo ne aka yi mana ɓarna. Ɗaya daga cikin kaset ɗin, na bikin yayata a 1993, ya yi fumfuna fari-fari wadda ana hango ta ta cikin gilashin kaset. Ƙa'ida ita ce a buɗe a share zaren kafin a kusantar da shi ga na'ura, amma aka yi gaggawa aka zura shi haka nan, zaren ya manne, na'urar ta tauna shi, muka yi asarar kusan minti 4. A cikin mintocin nan ne mahaifinmu yake yi wa amarya nasiha a zaure kafin a kai ta, kuma shi ne wuri ɗaya tak a duk jakar da fuskarsa da muryarsa suka haɗu na dogon lokaci. Sun kira ni a ranar sun faɗa mini gaskiya, ba su ce dama can kaset ɗin a lalace yake ba, kuma na girmama su a kan haka. Duk da haka sakaci ne wanda bai kamata ya faru a wurin da sana'arsa ke nan ba, kuma har yau in na tuna sai raina ya sosu. Akwai wani kuskuren kuma da aka gyara: hoton bidiyo na da yana da faɗi 4 a kan tsayi 3, talabijin na yanzu kuwa 16 a kan 9, sai suka ja hoton domin ya cika allo, mutane suka fito da faffaɗar fuska kamar ba su ba. Da na nuna, sun sake juyewa sun bar baƙin fili a dama da hagu.

Ɗaukar hoto a cikin gida ita ce ta fi ba ni fargaba, domin Inna ba mai fitowa gaban baƙi ba ce, ballantana ta zauna gaban kyamara. A nan amfanin budurwar da ke cikinsu ya fito. Ita kaɗai ta riƙa shiga, mazan suna zaure, kuma kwana uku na farko ba ta ko ciro kyamarar daga jaka ba. Ta taya Inna tsince wake, ta ci tuwo tare da ita, har Inna ta fara ce mata "'yar nan". A rana ta huɗu ta kafa kyamara a bakin ƙofa, ta ajiye ƙaramar lasifika a kan tabarma, ta ce, "Hajiya, akwai wani saƙo da nake so ki ji." Muryar mahaifinmu ta fito tana sallama. Inna tana riƙe da carbi, sai ta gyara lulluɓinta, ta sunkuyar da kai, ta amsa sallamar a hankali. Da muryar ta ce, "Ina fata kuna lafiya, ke da yara," sai ta ce, "Lafiya lau, Malam." Daga nan ba ta ƙara cewa komai ba har gefen kaset ɗin ya ƙare, yatsunta kuma sun tsaya a kan ƙwayar carbi ɗaya. Budurwar ba ta yi tambaya ba, ba ta matso da kyamara kusa da idonta ba. Wannan haƙurin shi ne mafi tsadar abin da shagon yake sayarwa, kuma ban san wurare da yawa da za a same shi ba.

Fim ɗin da suka kawo minti 38 ne. Yana farawa da allo baƙi ƙirin, babu komai sai muryar mahaifinmu yana cewa jirgin Maiduguri ya tashi a makare, sa'an nan hoto ya buɗe a kan tashar jirgin ƙasa ta Bauchi kamar yadda take a yau, ciyawa ta fito tsakanin ƙarafa, akuya tana kwance a inuwar dandamali. Babu wanda ya gaya wa mai kallo cewa layin dogo ya iso Bauchi daga Kuru a 1961, ya kai Gombe a 1963, ya dangana da Maiduguri a 1964, ko kuma cewa harkar ta durƙushe daga baya. Sai can gaba shekarun suka bayyana a jikin takardun aikinsa, waɗanda aka riƙa nunawa ana juya su da hannu. Da na fara kallo na ji kamar an bar giɓi, amma a kallo na biyu na gane cewa muryar mutumin da ke ƙorafin makarar jirgi a kan hoton tashar da babu jirgi ta isar da abin da dogon bayani ba zai isar ba.

Wurin da na fi yaba wa hikimarsu shi ne yadda suka yi da saɓanin da ke tsakanin Inna da Goggonmu, ƙanwar mahaifinmu da ke zaune a Gombe, a kan shekarar auren iyayenmu. Inna ta ce a shekarar da jirgi ya fara zuwa Maiduguri ne, kuma an yi kiɗan ƙwarya har gari ya waye. Goggo ta ce ba haka ba ne, an yi auren ne jim kaɗan bayan sallar azumin da aka kashe Sardauna da Tafawa Balewa, wato farkon 1966, garin Bauchi yana cikin makoki domin a nan aka binne Firayim Minista, saboda haka ba a buga ko gwangwani ba. Ni da nake biyan kuɗin aikin na so a binciko gaskiya a tsayar da magana ɗaya. Su kuwa sai suka jera maganar biyu kusa da juna, Goggo ta ce ba a yi kiɗa ba, Inna ta ce an yi, sa'an nan suka bar kyamara a kan tsakar gidanmu da hantsi, babu kowa, babu sauti sai kukan kurciya. Na yi musu gardama a kan wannan, babbansu ya ce, "Yallaɓai, takarda za ta iya ba mu shekara, amma abin da kowacce ta riƙe a zuciyarta shekara 60 shi ma tarihi ne." Yanzu ina ganin gaskiyarsa. Goggo yarinya ce da aka kawo daga ƙauye ta tarar da birni a tsorace, Inna kuwa amarya ce a cikin ƙawayenta, kuma mai kallo yana fahimtar wannan da kansa ba tare da an ƙaryata ɗaya daga cikin tsofaffin ba.

Haka nan suka yi da alkunya. A duk tsawon fim ɗin Inna ba ta ambaci sunan mijinta ba, ba ta kuma ambaci sunan ɗanta na fari ba, sai dai ta ce "Malam" ko "yaron nan". Wani mai haɗa fim zai rubuta sunayen a ƙasan hoto domin sauƙaƙa wa mai kallo. Su ba su rubuta ba, sunan mahaifinmu sau ɗaya ya fito, a jikin katinsa na aiki.

Batun asali ya shigo ta hanyoyi biyu. Ta farko takardu ne. An haifi mahaifinmu a wani ƙauye da ke Lardin Bauchi na Jihar Arewa, a 1967 ƙauyen ya faɗa Jihar Arewa maso Gabas mai hedikwata a Maiduguri, a 1976 ya zama na Jihar Bauchi, a ranar 1 ga Oktoban 1996 kuma ya koma Jihar Gombe. Fim ɗin ya jera takardu huɗu a kan tabarma, ƙauye ɗaya da hatimi huɗu, sa'an nan aka ji muryar ƙanena yana ba da labarin ranar da ya je neman takardar shaidar asali a garin da aka yanke masa cibiya, aka ce masa ya tafi Gombe, inda bai taɓa kwana uku a jere ba. Ta biyu kuwa harshe ne. Inna daga cikin Gerawa take, mutanen da Malam Yakubu, wanda ya karɓo tuta daga Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya kafa garin Bauchi, ya fito daga cikinsu, amma mu 'ya'yanta babu mai jin Geranci, kamar yadda yake a gidaje da yawa inda Hausa ta maye gurbinsa. Ana cikin hira, da aka nuna mata hoton mahaifiyarta, sai ta juya harshe ta yi kusan minti biyu tana magana da Geranci, ita kaɗai, tana shafa hoton.

A kan waɗannan minti biyu ne muka fi daɗewa muna ja-in-ja. Sun bar su babu fassara, da hujjar cewa mai kallo ya ɗanɗani abin da mu 'ya'yanta muke ji idan uwarmu ta shiga ɗakin da ba mu da mabuɗinsa. Na fahimci hujjar, kuma a matsayin dabarar fim tana da ƙarfi. Amma wannan fim na jikokin Inna ne kafin ya zama na kowa, kuma idan ita da tsararrakinta suka shuɗe ba lalle ne a samu mai fassara mana ba. A ganina a nan sha'awar fasaha ta so ta rinjayi haƙƙin iyali. Daga ƙarshe muka daidaita: aka bar wurin yadda yake, aka nemo wani dattijo daga wajen Tirwun ya fassara, aka sa fassarar a rubuce a ƙarshen fim, Inna kuma ta ji ta ta tabbatar.

Ba duk gwajin da suka yi ne ya yi nasara ba. Akwai wurin da kyamara ta tsaya a kan tsagewar bangon soro fiye da minti ɗaya, har yara suka fara tambaya ko na'urar ce ta maƙale, kuma ni ma ban ga abin da tsayuwar ta ƙara ba. Akwai kuma wani sauti mai gunji da suka haɗa a kwamfuta suka shimfiɗa ƙarƙashin hotunan jana'iza, wanda baƙo ne a kunnenmu, ya kuma sa wurin ya yi kama da fim ɗin ban tsoro. Na nemi a cire, suka cire, suka bar sautin takun mutane da tahlili kamar yadda yake a kaset ɗin asali, kuma wurin ya fi nauyi a haka.

Kafin su rufe aikin sun zo gida da na'urar haska hoto, suka rataya farin zane a tsakar gida bayan sallar isha'i, suka nuna wa iyali duka, har da Goggo da aka ɗauko daga Gombe. Inna ta ce rabonta da ganin irin wannan tun tana yarinya, lokacin da motar majigi take zuwa a taru a fili a kalla. Wannan zama ya yi amfani, domin a nan ne yayata ta ga kanta a wani tsohon bidiyo na suna babu mayafi, ta ce a cire, aka cire nan take. A nan ne kuma wata matsala ta fito fili, wato babu rubutacciyar yarjejeniya tsakaninmu a kan wanda ya mallaki fim ɗin. Babbansu yana da burin kai shi wuraren baje kolin fina-finai, abin da bai faɗa mini da farko ba, mu kuwa sirrin gidanmu ne a ciki. Sai da muka zauna muka rubuta cewa ba za a nuna shi a ko'ina ba, ba za a ɗora ko da gutsurensa a Facebook ko YouTube ba, sai da izinin Inna da na duk wanda fuskarsa ta fito. Sun sa hannu ba tare da jayayya ba, amma shagon da ke shiga har ɗakin matan aure ya kamata a ce shi ne yake fara miƙo irin wannan takarda.

Kuɗin aikin duka, da juyewa da ɗauka da haɗawa, ya kai kimanin kuɗin rago madaidaici a kasuwar layya, kuma idan aka dubi kwanakin da suka yi a gidanmu da tafiyarsu Gombe sau biyu, ban ga tsada a ciki ba. Lokaci ne ba su cika ba, domin sun ce mako 6, aikin ya ɗauki wata 4. Da suka zo miƙa kaya kuma filashi ɗaya suka ba ni, ɗauke da fim ɗin da aka matse a tsarin MP4, sai da na nace kafin suka ba ni cikakkun abubuwan da aka juye daga kowane kaset, sautin a tsarin WAV wanda ba a rage masa komai ba. Duk wanda zai kai nasa ya nemi wannan tun ranar farko, ya je da rumbun ajiya nasa, kada kuma ya dogara da kwafin da aka tura ta WhatsApp, domin manhajar tana rage ingancin hoto. Ya kuma tsaya a buɗe kowane kaset a gabansa a duba fumfuna, kada ya jefar da kaset ɗin asali bayan an juye.

Ban nemi su haɗa mini irin fim ɗin da na je nema da farko ba. 'Yan'uwanmu na Gombe sun riga sun tattara nasu kaset ɗin, kuma na ce musu su kai shagon, da sharuɗɗan da na lissafa. Mu kuma mun ajiye kwafi uku, ɗaya a wurina, ɗaya a wurin ƙanena, ɗaya a Gombe, jakar fatar ta koma adakar Inna. Game da minti 4 ɗin nan da na'ura ta tauna, mijin yayata ya tuna cewa mai bidiyon bikin ya yi kwafi biyu a lokacin, ɗaya na gidan amarya ɗaya na gidan ango, kuma ya aika Azare a duba cikin kayan mahaifiyarsa. Matasan sun ce idan aka samu za su share shi da hannu a gabana, su juye shi kyauta, su kuma buɗe fim ɗin su sa nasihar a inda ya dace.